Farfesa Abdullahi Smith da Almajiransa

A ganina, duk wanda zai ba da tarihin duba kundin digirin dakta a Arewa, tilas ya fara da Farfesa Abdullahi Smith. Baturen Ingila ne, da can H.F.C. Smith ake ce masa. Ya koyar a Ibadan, ya dawo Zariya a 1962 ya kafa Sashen Tarihi na Jami'ar Ahmadu Bello, daga baya ya musulunta.

A wancan zamani, ɗalibin da ke son rubuta tarihinmu akasari sai ya dogara da rahotannin Razdan da na Di'o, watau bakin wanda ya ci yaƙi. Smith ya ƙi wannan. Tun 1961 ya yi rubutu yana kukan cewa an yi watsi da tarihin jihadin ƙarni na 19, alhali ga rubuce-rubucen masu jihadin nan jibge cikin Larabci. Saboda haka sai ya riƙa kora ɗalibansa wajen masu abin.

Dubi Murray Last. Sakkwato ya tare, ya durƙusa gaban Waziri Junaidu, yana bin wasiƙun gidan Waziri ɗaya bayan ɗaya. Ya sami digirinsa a Ibadan a 1964, littafinsa kan Daular Usmaniyya ya fito a 1967. To, mai karatu, wa ya duba wannan kundi? Jami'a za ta ce Smith. Ni kuwa na ce su biyu ne, domin wanda ya buɗe maka taskar kakanninsa, ya warware maka abin da ya shige duhu a cikinta, ai ya wuce a kira shi mai ba da labari kawai. Hikimar Smith ita ce ya san inda saninsa ya tsaya, bai kuwa ji kunyar miƙa ɗalibinsa gaba ba.

Haka nan Yusufu Bala Usman ya gama kundinsa kan Katsina a 1974 a Zariya. Shi kam bai zama amshin shatar kowa ba, har malaman da suka gabace shi bai ƙyale ba. Malamin da ke tsoron ɗalibi ya fi shi ba ya yaye irin wannan.

Smith ya kafa Gidan Arewa a Kaduna a 1970, don masu bincike su sami inda za su tarar da takardun. Ya rasu a 1984 bai bar wani babban littafi nasa ba. Maƙalunsa ma sai a 1987 aka tattara su aka buga.