Baƙon da Ya Shekara Ɗari: Hausawan Sudan Tsakanin Takardar Jinsiyya da Haƙƙin Ƙasa

Tsakure

Wannan maƙala ta dubi matsayin Hausawa da 'yan'uwansu na Yammacin Afirka da suka zauna a Sudan, waɗanda ake yi wa kuɗin goro da sunan Fallata. Ta bi sawun zuwansu, da dokokin zama ɗan ƙasa tun daga 1957, da rikicin jihar Shuɗin Nilu na 2022. Abin da maƙalar ta tsaya a kai shi ne, sajewa da mutanen gari ta fuskar addini da harshe ba ta wadatar wajen fitar da mutum daga sunan baƙo, muddin mallakar ƙasar noma da sarauta suna rataye da asalin kakanni. An dogara ne ga ayyukan masana da aka riga aka wallafa, da nassin dokokin, da abubuwan da suka faru a bainar jama'a.

Gabatarwa

Galibin nazarce-nazarcen da ake yi kan baƙi da zama ɗan ƙasa sun fi karkata ga Turai da Amurka, inda baƙo ke shan bamban da mai masaukinsa a addini ko launin fata ko harshe. A can akan ɗauka cewa da zarar baƙo ya koyi harshe, ya rungumi al'adar gari, to ƙofa za ta buɗe masa. Hausawan Sudan sun sa ayar tambaya a kan wannan zato. Musulmi ne 'yan mazhabar Malikiyya kamar yawancin mutanen arewacin Sudan, suna jin Larabci kamar kowa, da yawansu ma kakanninsu a can aka binne su. Duk da haka, har yau akwai mai iya duban Bahaushen Gadarif ko na Damazin ya ce masa ya koma inda ya fito. Tambayar da ta haifi wannan bincike ke nan: me ya rage wa mutumin da ya cika duk sharuɗɗan sajewa amma ba a daina kiran sa baƙo ba?

Yadda aka zo

Hanyar hajji ce ta fara kai mutanenmu gabas. Umar al-Naqar (1972) da J. S. Birks (1978) sun nuna yadda alhazai ke ratsa Borno da Wadai da Darfur da Kurdufan a ƙasa, su nufi Sawakin a bakin Bahar Maliya. Tafiya ce ta shekaru, ba ta watanni ba. Guzuri kan ƙare, sai a tsaya a yi noma ko ƙodago ko koyar da allo, a tara abin da za a ƙara gaba. Wani ya isa Makka ya dawo ya yada zango a hanya, wani kuwa ajali ya riske shi bai ga Ka'aba ba, ya bar 'ya'ya a inda ya tsaya. Tun a ƙarni na 19 akwai mazaunin Takarir, wato mutanen Yammacin Afirka, mai shugabancin kansa a Gallabat, kan iyakar Habasha.

Sai kuma hijira, wadda ita ce ta fi nauyi a tarihin. Bayan da Turawan Ingila suka ci Sakkwato a watan Maris na 1903, Sarkin Musulmi Attahiru na ɗaya ya fita da jama'a mai yawa ya nufi gabas, don ya ƙi zama ƙarƙashin mulkin Nasara. An kashe shi a yaƙin Burmi a watan Yulin wannan shekarar. Ɗansa Muhammadu Bello Mai Wurno ya ja ragowar jama'a, suka ci gaba har suka sauka a gaɓar Shuɗin Nilu kusa da Sinnar, inda garin Mai Wurno yake har gobe. Abin da ya kamata mai nazari ya riƙe shi ne, waɗannan mutane ba su ɗauki kansu masu neman sabuwar ƙasa ba. A tunaninsu daga wani yanki na ƙasar Musulunci suka tashi zuwa wani, kuma tun kafin lokacin akwai zancen da ke yawo a daular Usmaniyya cewa a ƙarshen zamani jama'a za ta yi ƙaura zuwa bakin Nilu ta tarbi Mahadi. Fasfo da iyaka da jinsiyya duk daga baya suka tarar da su.

Igiyar ruwa ta uku ta tattalin arziki ce. Da aka gama madatsar ruwan Sinnar a 1925 aka buɗe aikin noman auduga na Jazira, gwamnatin mulkin mallaka ta matsu da neman hannayen aiki, kuma ta same su cikin mutanen yamma. Su suka yi shuka da cira da tsinkar auduga, suka kafa ƙauyuka a bakin koguna, daga baya suka shiga noman dawa da riɗi a yankin Gadarif. Amma rabon gonakin aikin, waɗanda ake kira hawasha, ya fi komawa hannun waɗanda ake ɗauka masu ƙasa. Mafi yawan baƙi suka tsaya a matsayin 'yan ƙodago ko masu noman raba-daidai, suna zaune a sansanonin gefen gona da ake kira kanabi. Tun daga nan aka dasa rabon da zai daɗe: wani ke da ƙasa, wani ke da gumi.

Ranar da ta raba ɗan ƙasa da baƙo

Sudan ta sami 'yancin kai ranar 1 ga Janairu 1956, ta kuma yi dokar jinsiyya, wato ta zama ɗan ƙasa, a 1957. Dokar ta ce ɗan ƙasa ta hanyar haihuwa shi ne wanda shi ko kakanninsa ta wajen uba suke zaune a Sudan tun daga 31 ga Disamba 1897. Wannan rana ba a banza aka zaɓe ta ba: ita ce jajibirin shekarar da rundunar Ingila da Masar ta karya daular Mahadi a yaƙin Karari, cikin Satumbar 1898. Ma'anarta, duk wanda ya shigo a zamanin Turawa baƙo ne. Da alƙalami guda aka fitar da mutanen Burmi, waɗanda suka iso bayan 1903, da ma'aikatan Jazira baki ɗaya. Abin takaici ne a ce waɗanda suka bar gidajensu don gudun mulkin mallaka su ne doka ta lissafa cikin kayan da mulkin mallaka ya shigo da su.

Akwai hanya ta biyu, wato neman zama ɗan ƙasa bayan zaman shekara 10 da sanin Larabci. Sai dai takardar da ake samu ta wannan hanya, jinsiyya bit-tajannus, ba ta kai darajar ta haihuwa, jinsiyya bil-milad, ba a idon jama'a, kuma ita kanta shaida ce cewa mai ita ba ɗan asali ba ne. Ko waɗanda kakanninsu suka riga 1897 zuwa, ta yaya za su tabbatar? Babu rajistar haihuwa a ƙauye a wancan zamani. Abin da ake nema shi ne shaidar dangi na wajen uba da ta shugaban ƙabila, ga kuma tambayar da jami'i ke fara yi: wace ƙabila ce taka? Mutumin da ya ambaci ɗaya daga cikin ƙabilun Larabawan bakin Nilu ya wuce salin-alin. Wanda ya ce Hausa ko Barno ko Fallata, sai a buɗe masa babin bincike.

Daga baya an sassauta. An matso da ranar zuwa 1924, sannan dokar 1994 ta mayar da ita 1 ga Janairu 1956, aka kuma bai wa uwa damar gadar wa ɗanta jinsiyya bayan tsarin mulkin wucin gadi na 2005. A takarda ke nan, mafi yawan Hausawan Sudan 'yan ƙasa ne cikakku ba tare da wata tababa ba. Amma shekaru kusan arba'in na zaman zargi sun riga sun yi aikinsu a zukata.

Sajewa da abin da take ci

Ba za a ce mutanen nan ba su saje ba. Al-Amin Abu-Manga na Jami'ar Khartum ya yi nazarin Fulatancin Sudan (1986) da Hausar Sudan (1999), ya nuna yadda Larabci ya ratsa su ta kalmomi da furuci har da ginin jimla. Mark Duffield (1981), wanda ya zauna a Mai Wurno, ya lura cewa waɗanda suka sami shiga kasuwanci da aikin albashi su ne suka fi saurin rungumar harshe da ɗabi'un mutanen birni. Ba karɓa kaɗai suka yi ba, sun kuma bayar. Agashe, naman da ake gasawa da yajin ƙuli, ya zama abincin titi na Sudan gaba ɗaya, kuma sunansa kaɗai ya isa ya faɗi inda ya fito. A'isha al-Fallatiya, wadda ta buɗe wa mata ƙofar waƙa a gidan rediyon Umdurman cikin shekarun 1940, da laƙabin asalinta ta shahara.

Amma a dubi farashin. Hanya mafi sauƙi ta tsira daga sunan baƙo ita ce mutum ya ɓoye asalinsa: ya daina Hausa a gaban mutane, ya nemi wata nasaba ya jingina da ita. Wanda ya yi haka yakan shige, sai dai shigewarsa ba ta amfani waɗanda ya baro, domin ta ƙara tabbatar da cewa Bahaushe ba ya zama ɗan Sudan sai ya daina zama Bahaushe. Wasu kuma suka bi kishiyar hanya. C. Bawa Yamba (1995) ya kira mazauna wasu ƙauyukan Jazira mahajjatan dindindin, domin ya tarar da jikoki da tattaɓa-kunne, waɗanda a Sudan aka haife su, suna cewa har yanzu a kan hanyar Makka suke. Yamba ya fassara wannan ta fuskar aƙida da yarda da ƙaddara. Ina ganin akwai ƙari a kan haka. Mutumin da aka hana masa sunan ɗan gari yana buƙatar sunan da zai riƙe mutuncinsa da shi, kuma a ƙasar Musulmi babu baƙon da ya kai baƙon Allah daraja.

Cewa tabon bai warke ba ya fito fili a 2008, lokacin da wata jarida ta jingina wa Shugaba Umar al-Bashir maganar da ke kore Hausawa daga zama 'yan Sudan. An musanta maganar, amma sai da zanga-zanga ta ɓarke a Gadarif da wasu garuruwan gabas, aka yi asarar rayuka.

Shuɗin Nilu, 2022

Inda lamarin ya fi tsanani shi ne ƙasar noma. Turawa sun mulki karkarar Sudan ta hannun sarakunan gargajiya, tsarin da ake kira idara ahliyya, inda kowace ƙabila da aka amince da ita ke da yankinta, dar, da shugaban da ke raba gona ya yanke hukunci. Mahmood Mamdani (1996) ya bayyana yadda irin wannan tsari ya raba 'yan Afirka gida biyu, ɗan asali da ɗan zama. Gwamnatin Ja'afar Numairi ta rushe tsarin a farkon shekarun 1970, ta kuma mayar da duk ƙasar da ba a yi wa rajista ba mallakar gwamnati, amma gwamnatocin baya suka farfaɗo da shi, suka riƙa raba sarautu don sayen goyon baya.

A 2022 Hausawan jihar Shuɗin Nilu suka nemi a ba su masarautarsu a cikin wannan tsari. Shugabannin ƙabilun da ke ɗaukar kansu magadan daular Funj suka ƙi, bisa hujjar cewa sarauta tana tafiya da ƙasa, ƙasa kuwa tana da masu ita. A watan Yuli faɗa ya kaure a Rusairis da kewayenta, aka kashe mutum fiye da 100, dubbai suka bar gidajensu. Hausawa suka fito zanga-zanga a Kasala da Gadarif da Khartum da wasu birane. A watan Oktoba wutar ta sake tashi a yankin Wad al-Mahi, inda cikin 'yan kwanaki aka rasa fiye da mutum 200.

Adalci ne a faɗi cewa ɗaya ɓangaren ma yana da tsoron da ba na ƙarya ba. Mutanen Shuɗin Nilu sun daɗe suna ganin ana yanka ƙasarsu ana bai wa manyan manoma daga wasu wurare, sun sha yaƙi shekara da shekaru, ga kuma 'yan siyasa da suka yi ta zuga kowane ɓangare bayan yarjejeniyar zaman lafiya ta Juba ta 2020. Talaka ne ya kashe talaka. Abin da rikicin ya tona shi ne, a Sudan zama ɗan ƙasa hawa biyu ne. Hawa na farko takardar gwamnati ce, wadda Bahaushe ya samu bayan doguwar wahala. Hawa na biyu shi ne a san ka da dar, kuma wannan ba a samun sa da daɗewar zama, ko da shekara ɗari ce, domin ma'auninsa wa ya riga wa zuwa.

Bai kamata mai karatu a Najeriya ya ji abin ya yi masa nisa ba. Takardar shaidar asalin ƙaramar hukuma, da rabon ɗan asali da baƙo da ya sha jawo zubar da jini a Jos, reshe ne na wannan bishiya. Haka kuma dokar korar baƙi ta gwamnatin Busia a Gana a 1969, wadda ta watsa mazauna zango da yawa, da korar da Najeriya ta yi wa baƙi a 1983. Mu ma mun yi wa wasu abin da muke kuka an yi wa namu.

Yaƙin da ya ɓarke a Sudan ranar 15 ga Afrilu 2023 ya ƙara jefa mazauna kanabi cikin haɗari, domin a lokacin fitina wanda ake shakkar asalinsa shi ake fara zargi da haɗa baki da abokan gaba. Duk tsarin mulkin da za a rubuta bayan wannan yaƙi, in bai ɗora haƙƙin gona da wakilci a kan zama da aiki a wuri ba, ya bar su a kan nasabar kakanni, to zai sake haifar da abin da ya faru a Wad al-Mahi. Kira na ga sassan nazarin Hausa da tarihi a jami'o'in Kano da Zariya da Sakkwato da Yamai shi ne su haɗa hannu da takwarorinsu na Sudan, a naɗi tarihin baka na dattawan Mai Wurno da Gadarif da ƙauyukan Jazira, a kuma adana takardun gonaki da na jinsiyya da ke hannun iyalai, tun kafin yaƙi da mutuwa su tafi da su.