Ken Adam: Mutumin da ya gina duniyar James Bond

Ken Adam (1921–2016) mai tsara fagen fim ne, haifaffen Jamus, wanda ya yi rayuwar aikinsa a Ingila. Mai wannan sana'a shi ne ke yanke shawarar kamannin duk abin da kyamara za ta ɗauka, daga gini da ɗakuna har zuwa kujeru da motoci, ya zana su a takarda, sannan ya sa ido a kan kafintoci da masu fenti har a kammala. Adam ya yi suna ne wajen ƙera wuraren da ba a barin kowa ya shiga, kuma masu kallo suka karɓe su a matsayin gaskiya.

An haife shi a Berlin ranar 5 ga Fabrairu, 1921, da sunan Klaus Hugo Adam, a gidan Yahudawa masu babban kantin kayan wasanni. Da mulkin Hitler ya durƙusar da kasuwancinsu, iyalin suka yi ƙaura zuwa Landan a 1934. A can ya karanci zanen gine-gine, kafin Yaƙin Duniya na Biyu ya katse masa karatu. Ya shiga sojan saman Birtaniya, ya tuƙa jirgin yaƙi samfurin Typhoon alhali bai zama ɗan ƙasar ba tukuna, abin da ke nufin da ya faɗa hannun Jamusawa, hukuncin maci amana zai fuskanta.

Bayan yaƙi ya shiga harkar fim a matsayin ƙaramin mai zane. Ƙofa ta buɗe masa a 1962 da Dr. No, fim na farko a jerin James Bond, wanda aka yi da ɗan kuɗi kaɗan. Rashin kuɗin bai hana shi ba: da ɗaki kusan fanko, kujera ɗaya da wata zagayayyiyar taga mai ƙarafa a rufi, ya jefa tsoro a zukatan masu kallo. Finafinan Bond bakwai ya tsara, na ƙarshensu Moonraker a 1979.

A Goldfinger (1964) ne dabararsa ta fi fitowa fili. Labarin na buƙatar cikin Fort Knox, ma'ajiyar zinare ta Amurka, amma ba a yarda ya leƙa ciki ba. Adam ya san zinare yana da nauyin da ba a jibge shi da tsayi, duk da haka ya tara tubalansa hawa-hawa a bayan manyan ƙarafa, kamar fursuna a kurkuku. A ganinsa, mai sayen tikiti bai zo kallon sito ba, ya zo ne ya ga abin da yake zato dukiyar ƙasa za ta kasance. Haka ya yi wa Stanley Kubrick a Dr. Strangelove na wannan shekarar: zauren majalisar yaƙi mai karkataccen rufi, da ƙaton tebur zagayayye ƙarƙashin zoben fitilu. An lulluɓe teburin da koren ƙyalle irin na masu caca, ko da yake fim ɗin ba mai launi ba ne, domin 'yan wasan su ji cewa caca suke yi da rayuwar duniya.

Daga nan ayyukan suka riƙa girma. Dutse mai aman wuta da ya gina a Pinewood don You Only Live Twice (1967) ya ci kimanin dala miliyan ɗaya, kusan abin da aka kashe a Dr. No gaba ɗaya. A 1976 kuwa sai da aka gina sabon zauren ɗaukar fim sukutum domin ya ɗauki cikin jirgin dakon mai na The Spy Who Loved Me.

Abin mamaki, ba Bond ne ya kawo masa lambar Oscar ba. Ta farko ya same ta ne da Barry Lyndon (1975), fim ɗin da Kubrick ya nace a ɗauka a tsofaffin gidajen sarauta na gaske, aikin da ya wahalar da Adam har ya kwanta rashin lafiya. Ta biyu ta zo da The Madness of King George (1994). Sarauniyar Ingila ta ba shi muƙamin Sir a 2003. A 2012 ya miƙa tarin zane-zanensa ga Deutsche Kinemathek, gidan tarihin fim da ke Berlin, birnin da aka tilasta wa iyalinsa bari yana ɗan shekara 13. Ya rasu a Landan ranar 10 ga Maris, 2016, yana da shekara 95.