A.K. Hangal: telan da ya zama limami a fim ɗin Sholay

Duk wanda ya kalli finafinan Indiya a gidajen silima na Maradi, Damagaram ko Yamai a shekarun 1970 da 1980 ya san fuskarsa, ko da bai san sunansa ba. Yau shi ne uban yarinya, gobe malamin makaranta, jibi tsohon baran gida. Mun haddace sunayen Amitabh Bachchan da Dharmendra, shi kuwa sai dai mu ce "tsohon nan". Sunansa Avtar Kishan Hangal, kuma ina ganin tarihinsa ya cancanci iyaye da malamai su sani.

An haife shi a Sialkot, wadda yanzu take cikin Pakistan, ya girma a Peshawar. Ɗinki ya koya, da shi yake ci. Tun yana saurayi ya shiga gwagwarmayar korar Turawan Ingila. Bayan an raba Indiya da Pakistan a 1947, an ɗaure shi a Karachi wajen shekara biyu saboda aƙidarsa ta gurguzu. Da ya fito, sai ya koma Bombay a 1949, ya ci gaba da ɗinki, yana kuma wasan kwaikwayo na daɓe da ƙungiyar IPTA.

Bai shiga fim ba sai a tsakiyar shekarun 1960, yana kusan shekara hamsin ko ya ɗara. A irin wannan shekarun ba a zama jarumi. Saboda haka ya riƙe abin da aka ba shi, wato ƙananan matsayi, ya fito a finafinai sama da 200, cikinsu har da Guddi (1971), Bawarchi (1972) da Namak Haraam (1973).

Wanda ya fi zama a zukatan mutane shi ne Sholay na 1975. Hangal ba Musulmi ba ne, amma shi ya fito a matsayin makahon limamin ƙauye. Ƴan fashin Gabbar Singh suka kashe ɗansa, doki ya kawo gawar, jama'a suka yi tsit, tsohon ya iso yana tambayar abin da ya sa gari ya yi shiru haka. Ƴan mintoci ne kawai cikin fim mai tsawon fiye da awa uku. Amma a nan ne mai kallo yake jin nauyin zaluncin da jarumai suke yaƙa. In an cire liman, sai a bar harbe-harbe kawai.

Bai tsira daga siyasa ba. A 1993 jam'iyyar Shiv Sena ta Bal Thackeray ta sa aka ƙaurace masa saboda ya halarci bikin ranar ƙasar Pakistan, aiki ya yanke masa na wani lokaci. Ya sake fitowa a Lagaan a 2001, gwamnati kuma ta ba shi lambar Padma Bhushan a 2006. Sai dai lamba ba ta sayen magani. A 2011 labari ya bazu cewa ba shi da kuɗin asibiti, sai da abokan sana'a da hukuma suka kawo gudummawa. Fitowarsa ta ƙarshe a talabijin ce, cikin shirin Madhubala a 2012, bisa keken guragu. Ya rasu a Mumbai ranar 26 ga Agusta, 2012.

Yaranmu na yau suna kallon Kannywood da finafinan Indiya na fassara a waya, kowa yana son ya zama jarumi. Ni abin da nake so mu gaya musu shi ne, yawancin masu wannan sana'a irin Hangal ne, kuma aikinsu aiki ne na gaske, mai buƙatar koyo da haƙuri. Mu gaya musu kuma cewa suna ba ya ciyar da tsoho. Yaron da ya nuna baiwa a wasan kwaikwayon makaranta, kada mu kashe masa gwiwa, kada kuma mu bari ya saki karatu ko sana'ar hannu. Kuma idan za a raba matsayi a aji, malam ya nuna wa wanda aka ba liman ko maigadi cewa ba raina shi aka yi ba.