Gadabeji: Daji da Masu Dajin

Duk wanda ya bar garin Dakoro ya nufi arewa, da ya ƙetare kwarin Tarka zai ga gonakin hatsi suna raguwa, fili yana buɗewa. Nan ne ƙasar makiyaya, Fulani Woɗaaɓe da Abzinawa, nan ne kuma Gadabeji, wanda yau yake cikin gundumar Bermo da aka cire daga Dakoro a 2011.

A 1955, zamanin mulkin mallakar Faransa, aka keɓe hekta 76,000 na wannan daji domin kare namun dawa. A lokacin akwai mariri da jimina da barewa da raƙumin dawa. Amma doka a takarda ba ta shayar da dabba. Farin shekarun 1970 da na 1984, tare da farautar da ba ta da iyaka, suka kawar da mariri da raƙumin dawa daga wurin. Su kuwa makiyayan da suka riga doka sanin dajin, suka san inda ciyawa ke daɗewa da inda ruwa ke kwanciya, ba su aka ba ragamar kula da shi ba.

Wata al'umma mai nisa ta bi wata hanyar. Mutanen Guna na ƙasar Panama sun yi tawaye a 1925, suka sami ikon tafiyar da yankinsu. Da hanyar mota ta kusanto da masu saran daji, sai a 1983 suka killace kurminsu da kansu a Nusagandi, ƴaƴansu suka zama masu gadi. Kurmi da sahel ba ɗaya ba ne, amma tambayar ɗaya ce: dajin na wa ne?

Gadabeji ya fara samun amsa a makare. A 2017 hukumar UNESCO ta sa shi cikin wuraren da ake kare halittu ba tare da korar mazauna ba. A Nuwamban 2018 aka ɗauko raƙuman dawa 8 daga Kure, tafiyar kimanin kilomita 800, bayan kusan shekara 50 ba a ga irinsu a nan ba. An ɗauki samarin yankin aikin sa ido, raƙuman kuma har sun haihu.

Hausawa sun ce mai ɗaki shi ya san inda yake yoyo. Ɗorewar waɗannan raƙuma tana ga ranar da makiyayi zai ƙirga su cikin dukiyarsa, kamar yadda yake ƙirga shanunsa.