Daga Zabura Zuwa Taken Ƙasa: Yadda Amurka Ta Samu Waƙoƙinta

Littafin farko da injin ɗab'i ya fitar a yankunan da Ingila ta mallaka a Arewacin Amurka littafin waƙa ne. A shekarar 1640 aka buga shi a garin Cambridge na yankin Massachusetts, aka kuma san shi da suna Bay Psalm Book. Abin da ke cikinsa Zabura ce guda 150, wadda malaman coci suka juyo daga Ibrananci zuwa Ingilishi a tsarin baiti domin a rera. Kwafi 11 kaɗai suka rage a duniya, kuma a 2013 an yi gwanjon ɗaya daga ciki a kan kuɗi sama da dala miliyan 14.

Masu littafin su ne Kiristocin nan masu tsaurin ra'ayi da ake kira Furitan, waɗanda suka fara kwararowa daga Ingila wajajen 1630. A majami'unsu ba kiɗa, ba molo, ba rukunin mawaƙa na musamman, sai muryar jama'a kawai. Bugun farko na littafin kalmomi ne zalla, ba alamomin sauti. Sai a bugu na tara, a 1698, aka saka kari 13. Da yake ba kowa ke da littafi ba, wani dattijon coci ne ke karanta layi ɗaya, jama'a su rera, ya karanta na gaba, su bi, kamar yadda malam ke biya wa almajirai karatu. Shekaru na tafiya kari na lalacewa. Wannan ya ja nasa, wancan ya yi masa ado, wani ya riga kowa gamawa, har ta kai ba a gane wace waƙa ake yi.

Wajajen 1720 wasu fastoci suka ce abin ya isa haka. John Tufts da Thomas Walter kowannensu ya fitar da ɗan littafin koyon waƙa da ƙa'ida a 1721. Dattawa da dama suka yi tsalle suka dire, suka ce wannan baƙon abu ne da zai buɗe ƙofar shigo da kayan kiɗa cikin ibada. An ɗauki shekaru ana kai ruwa rana, amma daga ƙarshe masu gyara suka yi rinjaye, kuma daga nan makarantun koyon waƙa suka samo asali. Malami kan sauka a gari ya yi 'yan makonni, galibi lokacin sanyi da aikin gona ya yi sauƙi, ya tara samari da 'yan mata da dare yana koya musu karanta sauti da haɗa murya huɗu. Da ya gama sai ya naɗe kayansa ya nufi gari na gaba.

Waɗannan makarantu ne suka haifi masu tsara waƙa na farko 'yan asalin ƙasar, kuma kusan dukkansu masu sana'ar hannu ne. Oliver Holden kafinta ne, Timothy Swan mai yin huluna, Daniel Read kuma yana yin matajin kai. Gwarzonsu shi ne William Billings, majemi, haifaffen Boston a 1746. Ido ɗaya gare shi, ƙafa ɗaya ta fi ɗaya gajarta, ga shan tabar hanci ba ƙaƙƙautawa, amma muryarsa na cika ɗaki. Bai yi dogon karatun kiɗa ba, shi ya koya wa kansa. A 1770, yana ɗan shekara 24, ya fitar da The New-England Psalm-Singer mai waƙoƙi sama da 120, littafi na farko da duk abin da ke ciki ƙirƙirar Ba'amurke ɗaya ce. Paul Revere, maƙerin azurfa da ya yi suna a yaƙin neman 'yanci, shi ya zana hoton farkon littafin. Salon da Billings ya shahara da shi shi ne wanda muryoyi ke shigowa ɗaya bayan ɗaya, masu kaurin murya su fara, saura su biyo baya suna korar juna har su haɗu a ƙarshe.

Da rikici ya tsananta tsakanin mazauna yankunan da gwamnatin Landan, sai waƙar coci ta sa kayan yaƙi. Billings ya ƙara wa waƙarsa mai suna Chester baitoci a littafinsa na 1778, inda ya ambaci janar-janar na Ingila da sunayensu, ya ce Allah na tare da mutanen ƙasarsa. Ana rera ta a coci, ana rera ta a sansanin soja. Ya kuma ɗauki Zabura ta 137, wadda ke kukan bayin da aka kai Babila, ya mayar da ita makokin Boston da sojojin Ingila suka mamaye.

Sai dai sauran waƙoƙin kishin ƙasa na lokacin yawanci da karin aro aka yi su. Waƙar 'yanci da John Dickinson ya rubuta a 1768 a kan karin wata waƙar sojojin ruwan Ingila ta hau. Yankee Doodle kuwa sojojin Ingila ne suka riƙa rera ta don yi wa 'yan ƙasa ba'a, su kuma suka karɓe ta suka mayar da ita abin alfahari. A 1798 Joseph Hopkinson ya ɗora kalmomi a kan kiɗan da Philip Phile ya tsara don girmama George Washington, aka samu Hail, Columbia, wadda ta daɗe tana zaman taken ƙasa ba tare da doka ta ce haka ba.

Taken da aka sani yau a wani yaƙin aka haife shi, wanda ya ɓarke da Ingila a 1812. A watan Satumba na 1814 wani lauya, Francis Scott Key, ya je wajen rundunar ruwan Ingila neman a sako wani likita, William Beanes. An amince, amma aka hana su komawa tudu sai an gama kai hari a kan sansanin McHenry da ke tsaron Baltimore. Daga cikin jirgi Key ya kalli ruwan wuta na kimanin sa'a 25. Da gari ya waye ranar 14 ga wata, sai ya hango tuta mai taurari 15 tana nan a kan sansanin. Baitocin da ya rubuta sun hau karin da John Stafford Smith ya tsara wa wata ƙungiyar masu hali da ke haɗuwa a Landan don kiɗa da shaye-shaye. Key ɗin da ya yi wa 'yanci kirari shi kansa yana da bayi, abin da har yau ake muhawara a kansa. A 1831 ma da Samuel Francis Smith ya rubuta waƙar da ake kira America, wadda yara suka fara rerawa ranar 4 ga Yuli a wata majami'a a Boston, karin taken sarautar Ingila ya ɗauka.

Shi kuwa Billings ya rasu a 1800 cikin talauci, aka binne shi a kabarin da ba ko alama. Masu ɗab'i sun yi ta buga waƙoƙinsa bai ga ko kwabo ba. Bayan haka wasu 'yan boko, wanda ya fi fice a cikinsu daga baya Lowell Mason, suka ce salon majema da kafintoci bai bi ƙa'idar Turai ba, suka share shi daga majami'un birane. Ƙauyukan kudu ne suka riƙe shi, ta hanyar littattafan da ke ba kowane sauti siffarsa, wani mai kusurwa uku, wani mai huɗu, don wanda bai yi makaranta ba ya iya karantawa. Mafi shahara shi ne The Sacred Harp na 1844. Har gobe masu wannan al'ada na zama sahu huɗu suna fuskantar juna, jagora na tsakiya yana kaɗa hannu, ba kayan kiɗa ko ɗaya, suna rera waƙoƙin Billings.

Waƙar Key ba ta zama taken ƙasa a hukumance ba sai ranar 3 ga Maris, 1931, da Shugaba Herbert Hoover ya sa hannu a kan dokar, shekara fiye da 116 bayan rubuta ta. Ke nan ƙasar da ta yi yaƙi sau biyu da Ingila ta zaɓi karin Ingila ya zama takenta, ta bar wa mawaƙan karkara karin da ɗanta na cikinta ya ƙirƙira.