Yadda rashin zuwa kotu ya zama sanadin korar ƙarar zaɓe

1/ Jama'a, duk kakar zaɓe sai ka ji a majalisun Gwarzo da Kabo ana cewa "an kori ƙarar wane tun ba a saurari sheda ba". Wasu su ce an sayi alƙalai. Sau da yawa ba haka ba ne, doka ce, kuma tana da tarihi.

2/ A da shari'ar zaɓe ba ta da wa'adi. An yi zaɓen gwamnan Anambra a 2003, amma sai Maris 2006 kotun ɗaukaka ƙara ta cire Chris Ngige ta ba Peter Obi. Kusan shekara 3 mutum na mulki da kujerar da ba tasa ba.

3/ A 2007 shugaban kotun ɗaukaka ƙara, Mai shari'a Umaru Abdullahi, ya fito da ƙa'idojin zaman share fage kafin a shiga shari'a. Duk da haka jan ƙafa bai ƙare ba. Fayemi na Ekiti da Aregbesola na Osun, zaɓensu na 2007 ne, sai ƙarshen 2010 suka karɓi mulki.

4/ Shi ya sa a 2010 aka gyara sashe na 285 na tsarin mulki: kwana 21 na shigar da ƙara, kwana 180 na yanke hukunci, kwana 60 na ɗaukaka ƙara. A 2012, a shari'ar gwamnan Borno, Kotun Ƙoli ta ce ko kwana ɗaya ba a ƙarawa.

5/ To tunda lokaci ya zama ƙidayayye, dokar zaɓe ta 2010 da ta 2022 ba su ɗaga wa mai fashin zama ƙafa ba. Mai ƙara bai nemi zaman share fage cikin kwana 7 ba? Ya yi watsi da ƙararsa. Ranar shari'a wanda ake ƙara ya zo, mai ƙara bai zo ba? A kore ta. Duka biyun ba su zo ba, kuma ba uzuri? A soke ta, ba a dawo da ita.

6/ Amma fa mai ƙara kotu ke nema, ko lauyansa, ba lallai ɗan takara ba. A 2023 APC ce ta shigar da ƙarar gwamnan Kano, ba Gawuna da abokin takararsa Murtala Sule Garo ɗan Kabo ba. An saurare ta har Kotun Ƙoli, wadda ta tabbatar da Abba Kabir Yusuf ranar 12 ga Janairu 2024.

7/ Wannan ƙarar, ko ba komai, an ji ta. Wadda aka kora don rashin zuwa kuwa, ba wanda zai taɓa sanin ko an yi maguɗi. Wanda ya yi asara shi ne manomin Getso da ya wuni a layi.

8/ Don haka in ɗan takararku ya ce ya tafi kotu, ku tambaye shi ranar zama, ku kuma tambaya ko lauyansa ya je. Mai nema ba ya fashi.