Mace mai makoki a wasan barkwancin talabijin

Wani salo ne a wasannin ban dariya na talabijin, inda jarumar labarin mace ce da aka yi wa rasuwa, kuma ita kanta tana da nata laifuffukan. Ya yi fice a Ingila da Amurka daga 2016.

Fitaccen misalinsa shi ne Fleabag, wanda Phoebe Waller-Bridge ta rubuta kuma ta fito a ciki. Ta fara gabatar da shi ita kaɗai a dandamali a Edinburgh a 2013, BBC ta nuna shi a 2016, kashi na biyu ya fito a 2019. Jarumar tana da ƙaramin shagon shayi a Landan, ta rasa mahaifiyarta da aminiyarta Boo. Tana ƙarya, ta sace ɗan gunki a gidan mahaifinta, kuma takan juyo ta yi wa mai kallo magana kai tsaye. Sai a ƙarshen kashi na farko ake gane cewa ta ci amanar Boo da saurayin Boo ɗin. Ƙarfin wasan a nan yake, domin duk barkwancin nata nadama ce take binnewa.

Wani misalin shi ne Dead to Me (Netflix, 2019 zuwa 2022), labarin Jen, wadda mota ta kashe mata miji, ga ta da saurin fushi.

A ƙasar Hausa, daga Kwaya ta yankin Damagaram har Kano, haƙuri ake jira daga mai takaba tsawon wata 4 da kwana 10, don haka irin wannan jaruma baƙuwa ce ga mai kallo.